Gurbi Shida a Akwatin Baba

Ranar da aka karɓe makullin ɗakin ajiya daga hannun Amarya, ba wanda ya ce mata ɓarauniya. Mutanen gidan nan 'yan mutunci ne, bakinsu ba ya ɗaukar irin wannan kalma. Babban Yaya dai ya tare ta a ƙofar kicin, ya miƙo hannu ya ce, "Kawo makullin nan in rage miki nauyi, ɗawainiya ta yi miki yawa." Ta ciro ta ba shi har da godiya, don ita ma ba baya ba ce wajen iya zama da mutane. Sai da ya juya sannan ta harari ƙeyarsa.

Shekararta goma sha ɗaya a gidan, ta haifi biyu har sun shiga makaranta, amma har yau Amarya ake ce mata, saboda ita ce matar Auta kuma ba a kawo wata bayanta ba. Shekara huɗu ke nan da ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kwantar da surukinta, Baba, ya tafi da hannunsa na dama da ƙafarsa, ya haɗa da harshensa. Kalma ɗaya tak ta rage masa, "A'a." Da ita yake gaisuwa, da ita yake faɗa, da ita yake neman ruwa, kuma duk gidan Amarya ce kaɗai ke gane wace a'a ce wace. Ita ke juya shi duk bayan awa uku kada bayansa ya yi gyambo. Ita ke wanke shi, ta wanke abin da ya ɓata, ta niƙa masa ƙwayar magani a cokali. Babban Yaya, mai shagon kayan gini, yana zaune a saman bene da iyalinsa. Sau huɗu a rana yake wuce ƙofar ɗakin, ya ɗaga murya ya ce "Baba ya jiki," kafin amsa ta fito ya kai mota. Ƙanwarsa Malama tana aure a wata unguwa, takan zo ranar Asabar da lemo biyu a cikin jakar da za ta ɗauki kankana.

Abin da ya hana 'ya'yan Baba mance hanyar ɗakinsa gaba ɗaya, wani akwatin katako ne mai faɗin tire, yana cikin durowar gefen gado. In an buɗe, jan ƙyalle ne mai laushi da gurbi ashirin da huɗu, layi huɗu, kowane gurbi da sulen azurfa na zamanin da, mai kan wani sarki mai gemu na can wata ƙasa. Shekara ashirin da huɗu sarkin ya yi yana mulki, kowace shekara da nata sulen. Baba kuwa rabin rayuwarsa ya yi a bayan kantar gidan waya yana farautarsu ɗaya bayan ɗaya har ya cika layin. Kullum bayan wankan safe Amarya takan jingina shi da matashi, ta ɗora masa akwatin a cinya, ya bi su da ɗan yatsan hagu ba tare da ya taɓa fuskar ko ɗaya ba. Lokacin ne kaɗai a wuni fuskarsa ke sakewa.

Wata Talata sai ga Babban Yaya ya shigo ɗakin da ƙafarsa, fuska duk tausayi.

"Amarya, ɗan ba mu wuri, zan gana da mahaifina. Mutum sai ya yi ta neman duniya ya mance da albarka."

Ta fita tana jin daɗi har cikin ranta. Ganawar ba ta kai minti biyar ba. Washegari da ta buɗe akwatin, ga gurbi ɗaya ya hangame baki a layin farko. Baba ya dinga dukan katifa da hannun hagu yana a'a, a'a, har jijiyar wuyansa ta tashi.

Ta ɗaga katifa, ta share ƙarƙashin gado, ta zazzage matasai, babu. Ta gaya wa mijinta Auta, mai gyaran firji, ta same shi yana ɗaure jakar kayan aiki a babur. Ya ce, "Ki sake dubawa, abu ne mai gangarawa." Ta gaya wa Babban Yaya, ya dafe ƙirji.

"Sata? A gidan nan? Ni dai jiya na shiga, ban ma san inda akwatin yake ba. Wai wa yake shiga ɗakin nan kullum?"

Silin yake kallo da ya yi tambayar, amma kowa ya san silin ba ya shiga ɗakin Baba.

Asabar ta zo, Malama ta zo da lemonta biyu. Da ta ji labari ta rafka salati, ta ce dole a bar ta da Baba su biyu ta lallashe shi. Ta kuwa lallashe shi sosai, don bayan tafiyarta gurbi ya zama biyu. Daga nan Amarya ta gane lissafin. A gidan nan duk ranar da ƙaunar uba ta motsa wa wani, sai ta bar rami a jan ƙyalle.

Ta yi ƙoƙarin toshe ƙofar ta hanyar ladabi. Ta ce da Babban Yaya, "Yaya, da za ku yarda, da an kai akwatin nan banki an ajiye."

"Ki raba tsoho da abin da ke sanyaya masa rai? Ke kuwa wace irin zuciya gare ki?"

Ta ce da Malama, "Anti, ko in riƙa zama a ciki in kin zo, ko da zai buƙaci wani abu."

"Au, yanzu sai da mai gadi zan ga ubana? Ke kika haife shi ko ni ya haifa?"

Shi ma Baba ya yi iya nasa. Ranar da gurbi ya zama uku, Babban Yaya ya leƙo ana tsaitsaye a ɗakin, tsoho ya ɗaga hannun hagu, ya nuna shi, ya kwarara a'a har sau huɗu. Babban Yaya ya kama hannun ya rungume a ƙirjinsa, idonsa har da ƙwalla.

"Kun gani ko? Cewa yake duk gidan nan ni kaɗai ya yarda da ni. Kwantar da hankalinka Baba, sai na gano mai yi maka wannan ta'asa."

Bincike kuwa ya kankama, kuma ɗaki ɗaya ya sani. Aka fara da makullin ɗakin ajiya. Aka bi da kuɗin cefane, aka ce matar Babban Yaya za ta riƙa riƙewa, sai ya zama in Amarya na son sabulun wanke zanen gadon Baba sai ta hau bene ta tsaya a bakin ƙofa ta yi bayani. Aka ce yayarta ta daina zuwa gidan, wai yawan baƙi na tayar wa mara lafiya hankali. Ranar da gurbi ya zama biyar, Malama ta shiga ɗakin Amarya ta juye akwatunan kayanta a tsakar ɗaki, ta laluba aljihunan rigunan yara, ta kwance safa, har gwangwanin hoda sai da ta girgiza a kunne.

"Kada ki ɗauka zarginki muke," in ji Malama tana zazzage jakar hannunta. "Wanke ki muke yi. In ba a samu komai ba, ai kin ga kin fita."

Ba a samu komai ba, sai Malama ta ce wannan ya nuna abin ya riga ya bar gidan.

Maganar ma ta bar gidan. Maƙwabciyar da suke aron turmi da juna ta shigo gaisuwa, ta zauna da jakarta rungume a cinya kamar jariri. Mai kantin bakin titi ya fara ƙirga mata canji sau biyu yana kallon hannunta. Abin ya ci wa Amarya rai ƙwarai. Gajiya ta saba da ita, wari ta saba da shi, amma a ce hannun da ke goge wa tsohon nan jiki shi ne ke yashe shi, wannan kam ya hana ta cin abinci. In ta kai kuka wurin Auta, sai ya sunkuyar da kai yana wasa da sukudireba.

"Ki yi haƙuri, manya ne. Ni me zan ce musu? Abin zai wuce."

Na shida ya ɓace ne ranar da ta je kemis sayen magani. Na layi na uku ne, na biyar daga hagu, wanda ɗan yatsan Baba ya fi daɗewa a kansa kullum. Ta buɗe akwatin tana jiran ihu. Baba bai yi ihu ba. Ya kalli gurbin, ya juya fuskarsa bango, kwana biyu bai buɗe baki ya karɓi cokali ba. Ta ce a ranta lallai Yaya ya kai maƙura, tunda har ya koyi shigowa in ta fita.

Ranar Laraba Babban Yaya ya kira ta falo ya yanke hukunci cikin lumana. Ranar Asabar da ƙarfe huɗu za a yi zaman iyali. Ta haɗa kayanta kafin nan, za ta je gidansu ta ɗan huta har a gama bincike. Amarya ta san irin wannan hutun. Ana tafiya da suna, kuma sunan ba ya wankuwa, har 'ya'yanta sai sun gaje shi.

Ranar Alhamis, bayan ta juya Baba, tana da awa uku a hannu. Ta shiga kasuwa ta nufi layin masu saida zinariya da azurfa, tana tambayar wa ke sayen tsofaffin sulalla. Mutum uku suka nuna mata wuri ɗaya, wani ɗan shago a ƙarshen layi, faɗinsa bai fi tabarma biyu ba, bango duk agoguna, kowanne da lokacin da ya ga dama. Mai Agogo dattijo ne siriri mai furfura, da ɗan madubin dubawa maƙale a ido ɗaya. Ta gaishe shi, ta kwatanta masa sarki mai gemu.

"Sayarwa za ki yi?"

"A'a, Baba. So nake in san kuɗin abin da aka ce na sata."

Ya cire madubin ya dube ta da ido biyu, sannan ya tura mata kujera da ƙafa. Ya jawo durowa ya fito da sule ɗaya a cikin 'yar takarda, ya riƙe shi ta gefe da yatsu biyu, yadda Baba ya koya mata tun yana da baki.

"'Yata, azurfar da ke jikin wannan, in an narke ta, ba ta wuce cefanen kwana biyu ba. Masu tara irin wannan ba azurfa suke saye ba. Shekara suke fara dubawa. Wata shekarar an buga su kamar yashi, ko'ina ka tona ka samu. Wata shekarar kuwa kaɗan aka buga, kaɗan ɗin ma aka narke yawanci. Sai kuma lafiyar jikinsa. Ungo madubi, ƙirga min gashin gemun nan."

Ta kara a ido. Ga gemu nan sili-sili, har da 'yar lanƙwasa a ƙasa.

"In hannu ya shafe gemun, ya shafe kuɗin. Kuma ba a wankewa. Wannan duhun da kike gani, shekaru ne suka kwanta a kai, su ake biya. Wata baiwar Allah ta kawo min uku, ta dirje su da buroshi da man goge baki, suna walƙiya kamar sabon cokali, tana jiran in ƙara mata ladan wanki. Da na ce mata ta wanke kashi biyu cikin uku na kuɗinta ta zubar a kwata, saura kaɗan ta tara min jama'a."

Dariya ta ƙwace wa Amarya, irin wadda ta yi wata huɗu ba ta yi ba. Duk duniya mutum ɗaya ta sani da ba ta iya ganin abu ba ta dirje shi ba, ita ce Malama.

"Mai tabarau? Mai ƙatuwar jaka?"

"Ni ba na tambayar suna, ba na kuma ba da kwatance. Sai dai idon mai gyaran agogo ba ya mance fuska." Ya mai da sulen takardarsa. "Uban duka kuma shi ne cikar layi. Ashirin da huɗun nan in suna akwati ɗaya, ba gurbi ko ɗaya, akwai masu kuɗin da za su ba da kuɗin gida sukutum a kansu. In aka warwatsa, kowanne ya koma sule kawai. Guda ɗaya ne ke iya tsayawa da ƙafarsa, na shekara ta goma sha bakwai, shi ma rabin darajarsa 'yan'uwansa ne. Wata huɗu ke nan sulalla 'ya'yan gida ɗaya suna shigo min ɗai-ɗai, har shida, ina ta tunanin ina uwarsu take kwance."

"Kana son ganinta?"

"Ko yanzu."

Ta kwatanta masa gidan, ta ce, "Asabar, ƙarfe huɗu da kwata. Kada ka riga, kada ka makara."

Ya waiwaya ya dubi agogunansa na bango, ya ce zai yi amfani da na hannunsa.

Ranar Asabar tun da safe ta kai yara gidan yayarta, don kada su ji abin da za a kira uwarsu. Ta haɗa jakarta ta ajiye a bakin ƙofar falo yadda aka umarce ta. Babban Yaya ya hakimce a babbar kujera, akwatin Baba a kan tebur a gabansa a matsayin shaida. Malama tana gefe tana goge tabarau. Auta ya aiko cewa firjin wani otal ya tsare shi, a fara kafin ya iso. Amarya ta zauna a ƙasa, ta yi kalar tausayi iya yinta.

Babban Yaya ya yi gyaran murya. Ya yi magana a kan amana, ya yi a kan zumunci, ya ce shi mutum ne mai rufin asiri, ba don haka ba da tuni hukuma ta shigo. Ya ce ba korarta ake yi ba.

"Na gode, Yaya," in ji Amarya. "Sai dai na ga bai dace in tafi ba a san nawa na sata ba, kada in cuce ku. Shi ya sa na kira wanda ya san kuɗin abin."

Kafin wani ya ce wa, aka yi sallama. Mai Agogo ya shigo da 'yar jakarsa a hammata, ya tsaya yana sabawa da hasken ɗakin, sai fuskarsa ta washe.

"A'a! Ranka ya daɗe, ashe nan ne gidan! Ya aikin ginin? Har yanzu ana tono sulalla a ramin harsashin? Na ce maka in leburori sun sake samu ka kawo, biyun nan sun yi kyau."

Babban Yaya ya gyara zama. Gumi ya tsattsafo masa a goshi duk da fanka na juyawa. Malama ta ja mayafi ta rufe rabin fuska, ta shiga neman wani abu a ƙasan jakarta.

"Hajiya, ke ma nan kike? Ina fata an daina wanki. Man goge baki na haƙori ne."

"Ni ban san ka ba," in ji Malama daga cikin jaka.

"Ai ba komai, ni na san ki. Uku kika kawo, na kakarki."

Amarya ta sunkuyar da kai tana cizon leɓe kada dariya ta tona ta. Biyu da uku, ta ce a ranta, biyar. Tana cikin neman inda na shida ya shiga sai ta ji tsayuwar babur a waje. Auta ya shigo da jakar kayan aiki, yana goge hannu da tsumma. Mai Agogo na ganinsa ya miƙe tsaye, ya cire hula, ya kama hannunsa da hannu biyu.

"Ɗana! Mai na goma sha bakwai! Ya ƙarin haƙuri? Wallahi ranar nan ka ba ni tausayi. Allah ya jiƙan mahaifin naka, ya sa ya huta."

Daga ɗakin da ke kusa, ta ƙofar da aka bari a buɗe, murya ta fito tar.

"A'a!"

Mai Agogo ya saki hannun Auta a hankali. Ya dubi ƙofar, ya dubi akwatin, ya dubi 'ya'yan gidan ɗaya bayan ɗaya. Babban Yaya, da yake ɗan kasuwa ne ko a cikin kunya, ya yi ƙasa da murya ya tambaya nawa za a sayi sha takwas ɗin da suka rage. Dattijon ya mai da hularsa.

"Da kun bar su tare, da kuɗin gida ake magana. Yanzu kan yana wurina, gangar jiki tana wurinku. Kuma ni da mai akwatin zan yi ciniki, na ji amsarsa." Ya yi wa Amarya sallama ita kaɗai, ya fita.

Dariyar da ke bakin Amarya ta riga ta mutu. Tarko ta ɗana wa mutum biyu, ya kamo mata da na uku, wanda take kwana ɗaki ɗaya da shi. Yana tsaye a nan ranar da aka juye kayanta a ƙasa. Shi ya taya ta ninke rigunan yara bayan Malama ta fita.

Borin kunya kuwa ba a jira shi ba. Babban Yaya ya ce shi ba sata ya yi ba, gadonsa ne ya ɗan taɓa tun da wuri, abin da zai zo hannunsa ko ba jima ko ba daɗe. Malama ta ce ita da ta ga an fara ɗauka ne ta ce bari ta tsare rabonta kafin a cinye, kuma mace ce ita, kullum ita ake danne wa haƙƙi. Auta ya ce da bango, ba da matarsa ba, "Ni fa don iyali na yi." Yaya da ƙanwa suka taso masa a kan ya ɗauki mafi tsada, suka kuma juya kan junansu. Sai da suka gaji sannan suka tuna akwai wadda duka ukun za su iya haɗuwa a kanta.

"Duk wannan ma ba shi ne ba," in ji Malama tana gyara tabarau. "Ke da aka ba amanar ɗaki, da kina kula yadda ya kamata, ta ina wani zai samu hanyar ɗauka? Sakacinki ne ya jefa mu a wannan hali."

"Ga kuma kawo bare cikin gida ya ji sirrin iyali," in ji Babban Yaya, murya ta dawo masa. "Wannan ya fi sata muni. Ni a ganina hutun nan yana nan daram."

A daidai nan iskar fanka ta kawo saƙo daga ɗakin Baba. Tashin hankali ya sa tsoho ya ɓata shimfiɗa, kuma warin bai tsaya neman izini ba. Malama ta kai mayafi hanci. Babban Yaya ya dubi ƙanwarsa, ta dubi Auta, Auta ya dubi tsumman hannunsa. Can duka idanu shida suka sauka a wuri ɗaya. Babban Yaya ya sake gyaran murya, wannan karon a tausashe.

"To, Amarya, mu dai gidan haƙuri ne. Abin da ya wuce ya wuce. Mun yafe miki. Tashi ki duba Baba."

Ta tashi. Ba don yafiyarsu ba, don tsohon bai yi mata komai ba. Ta haɗa ruwa mai ɗumi, ta rufe ƙofa, ta wanke shi a natse, ta shafa masa mai a baya da diddige, ta canza zanen gado, ta sa masa riga mai tsabta. Ta durƙusa a bakin gadon ta ce, "Baba, zan tafi. Ku yafe min, ba zan iya kwana a gidan nan yau ba." Ya kama wuyan hannunta da hannun hagu ya ce a'a, can ƙasa-ƙasa. Ta san wace a'a ce wannan, ita ce kuma ta sa ta kuka. Ta daɗe a durƙushe kafin ta zare hannunta.

Ta fito da bahon ruwan wankin, ta dire shi a tsakiyar teburin falo, kusa da akwatin.

"Juyi na gaba ƙarfe bakwai ne, Yaya. Ana farawa da kafaɗa. Yafiyar kuma a ajiye ta, akwai masu buƙata a gidan."

Ta ɗauki jakarta ta fita. Ba ta kai bakin titi ba ta ji takun gudu a bayanta, ta san na waye. Ta rage sauri. Har ga Allah ta rage sauri, don shekara goma sha ɗaya ba kwana goma sha ɗaya ba ne, kuma kalma biyu kawai take jira, da ya faɗe su da wataƙila ta ajiye jakar. Auta ya cim mata yana haki, ya tsaya yana murza tsummansa, ya dubi ƙasa, ya dubi jakar.

"Amarya... don Allah... a ina kike ajiye sabulun Baba?"

Ta dube shi tun daga hula har takalmi.

"Bayan ƙofa, a kan taga. Shekara huɗu yana nan."

Ta ɗaga hannu ta tsai da mota.